Dami Talatin

Shekarar da gwamnati ta ce za ta yi madatsar ruwa a kwarin garinmu, ina koyarwa a lakwal a Malbaza. Mai gari ya aiko in zo, wai 'yan kwamitin diyya za su zagaya gonaki, shugabansu kuma ba ya jin Hausa, gara ɗan gari ya yi tafinta. Na ji daɗi. A zatona muddin ina tsaye a wurin ba wanda zai cutu.

Gonar mahaifina tana cikin waɗanda ruwa zai cinye. A bakin kwari take, baƙar ƙasa mai riƙe laima, da gawo uku a tsakiya. Ko shekarar da ruwa ya yi gardama ba mu sayi hatsi ba. Ni da ƙannena muke jidar damma da kaka, don haka na sani sarai in damina ta yi kyau ana haura dami ɗari.

Sai dai Baba bai taɓa faɗa wa kowa abin da ya girbe ba. Ya tashi yana jin manya na cewa faɗin yawan hatsi ke jawo haraji, ga kuma tsoron baki. In ka tambaye shi sai ya ce, "An samu na tuwo."

Da hantsi muka iso gonarmu, rabin gari na biye da mu. Aka auna faɗinta, aka ƙirga itatuwa. Shugaban kwamitin, mutum mai sanyin magana, ya bayyana cewa ba girman gona kaɗai ake dubawa ba, har da amfanin da take bayarwa. Ya ce in tambayi mai gonar dami nawa yake samu a shekara.

Na tambaya. Baba ya ce, "Alhamdulillahi, an samu na tuwo."

Shugaban ya yi murmushi, ya ce lamba yake so ya rubuta. Baba ya dubi jama'a, ya dubi ƙasa, ya daɗe yana kaɗa tsakuwa da sandarsa.

"Talatin," in ji shi.

Na matsa kusa na rage murya. "Baba, ba haraji ba ne. Da abin da kuka faɗa za a biya ku."

Bai ko dube ni ba. Ya ce, "Kai dai gaya mishi abin da na ce."

Baba ba ya jin Faransanci. Da na ce ɗari, da bai sani ba, kuma da ban yi ƙarya ba. Na buɗe baki da niyyar haka. Amma tun ina yaro ban taɓa sauya maganarsa ba, ga shi tsaye kusa da ni yana jira. Sai na ji kaina na ce talatin. Aka rubuta, aka shafa masa tawada a ɗan yatsa ya dangwala.

Gonar da ke sama da tamu tsakuwa ce zalla. Mai ita ya ce dami ɗari biyu yake samu. Jama'a suka yi dariya, kwamiti ya rage masa, duk da haka abin da aka sa masa ya fi namu.

Bayan wata biyu aka manna takardar sunaye a buro, wato ofishin hukuma. Da na ga abin da aka yanka wa Baba sai da na nemi wuri na zauna. Na shiga wajen sakatare na yi masa bayani. Bai wulaƙanta ni ba. Ya ce akwai sauran lokacin koke, in zo da dattijon ya sake magana da bakinsa, tare da shaidu biyu.

Na iske Baba a zaure yana tufkar igiya. Na durƙusa na zayyana masa komi. Ya saurara har na ƙare.

"Wato in tai gaban mai gari in ce ƙarya na yi?"

"Ba ƙarya ba ce, Baba, kuskure za a ce."

"Ni ban yi kuskure ba. Na san abin da na ce."

Na tura kawuna, na tura liman, duk a banza. Wa'adin ya wuce.

Abin da aka ba shi bai isa sayen gona a kwari ba. Ya samu wata ƙarama a kan tudu, wajen hanyar Dogarawa, tafiyar awa guda. Damina biyu ya yi yana zuwa da ƙafa, sannan gwiwa ta hana shi, ƙanena ya ci gaba. A nan na fara ganin mahaifiyata tana awon hatsi a kasuwa, tana rufe kwanon da gyale har ta shigo gida.

Bai taɓa ɗora mini laifi ba, ni kuwa har yau ban wanke kaina ba. Kafin rasuwarsa na zo hutu, ya sa na hau rumbu na sauko da wasu zangarniyoyi masu tsawo da ya ɗaure daban. Irin hatsin kwari ne da ya gada, ba ya yi a tudu. Ya ce in kai wa mijin ƙanwata a Badagishiri, su suna da laima. Na ɗaure su a bayan babur, ya fito har ƙofar gida yana cewa in tafi a hankali kada su kakkaɓe.