Gaisuwar da Na Yanke

Jiya ina share tsoffin hotuna a waya, sai ga fuskar Baba, wani dattijo manomi, yana zaune kan buzu a gindin dalbejiya, bakinsa ja da goro.

A Mairuwa na ɗauke shi a bidiyo, ranar da manoman da 'yan bindiga suka raba da ƙauyukansu suka tare titi, suna neman a daina zubar da jini. Warin tayar da aka ƙona ya cika iska. Da na saita kyamara, sai ya dube ta ya shiga gaishe da maƙwabtansa da suka warwatse ɗaya bayan ɗaya, har da ɗiyansu.

Na ce, "Baba, saƙo ga gwamnati nake so."

Ya ce, "Ɗana, gwamnati ta san inda take. Waɗannan ne ban san inda suka faɗa ba. Ƙila wani ya gani, ya san ina raye."

Wajen tace fim ɗin na yanke gaisuwar na goge, wai ta yi tsawo. An yi zaɓe, an canja shugabanni, gonarsa na nan ta zama daji. Ya rasu, gaisuwarsa ba ta isa ga kowa ba.

Allah Ya haɗa shi da su a Aljanna, ya gaishe su da bakinsa, inda babu mai yanke masa.