Kalmar da ta kai Illo Tasawa

Illo mutumin wani ƙauye ne a yammacin Mayahi. Shekara goma sha ɗaya ya yi a Nijeriya, huɗu yana dako a tashar jirgin ƙasa ta Kano, bakwai yana haƙar kuza a Jos. Ya komo gida a 1958 da tari a ƙirji da wani littafi mai baƙin bango. A ciki ya rubuta da ajami kalmomin Ingilishi da ya tsinta a bakin leburori da direbobi.

Mutanen ƙauyen sun san isansi da kamyo da biro, kalmomin Faransanci. Da samari suka yawaita cin rani a kudu, sai wasiƙunsu suka riƙa zuwa da fetur da lori da ofis. Mushen lakwal, malamin makarantar boko, yana karanta wasiƙa sarai, amma Faransanci ya sani. In ya ci karo da irin waɗannan sai ya ce a je wurin Illo.

Illo yana da ƙa'ida. Ba ya faɗin ma'anar kalma sai ya ji ta daga bakin mutum uku na gari uku, kowane baki ya ja mata zane ɗaya a gefen shafi. Yakan ce ko gujiyar da muke nomawa, Bakano gyaɗa yake ce mata, balle harshen da ba na kakan kowa ba. "Dash" ta cika zane uku da wuri: kyauta ce. "Cof" kuwa ta daɗe da biyu, don a Jos cin abinci ne, a bakin direbobin Kano har da cin haram.

Wata Litinin a kakar 1964, maƙwabcinsa Bawa ya shigo da wasiƙa. Abokin ɗansa ne ya rubuto daga Kano, cewa ƴan doka sun kama ɗan nasa, Ɗan Baba, da laifin "wandarin". Bawa dattijo ne mai tsauri, ba a taɓa ɗaure kowa a zuriyarsa ba.

"Illo, sata ce ko?" in ji Bawa. "In sata ce, ran Juma'a bayan salla zan miƙe gaban jama'a in cire shi daga cikin ɗiyana."

Illo ya buɗe littafi. Kalmar tana nan, da zane ɗaya tak. Wani lebura ne a Jos ya taɓa ce masa yawo ne kawai, leburan kuwa ba a shaide shi da gaskiya ba.

"Yaya Bawa, baki ɗaya gare ni. Ba zan faɗa ba."

"In ba ka faɗa ba kafin Juma'a, na san kunyata kake ji."

Da Bawa ya fita, Lauratu matar Illo ta aje taɓarya. "Malam, ka ce mashi yawo ne mana! Zanen nan naka wahayi ne?"

"In na faɗa, gobe wani ya zo da wata magana, Bawa ba zai ƙara yarda da ni ba, kuma ba zai yarda da ɗansa ba."

"To sai ka ci littafin, tunda ya fi tuwo."

Talata da asuba ya hau jaki ya nufi Tasawa, inda manyan motoci ke lodin gujiya zuwa Kano. Laraba da azahar ya isa. Ya sami wani direba yana wanke ƙafa a gindin motarsa, ya tambaye shi.

Direban ya yi dariya. "Baba, kai aka kama? Wandarin ai yawon banza ne. Ɗan sanda ya tare ka a hanya, ba ka iya faɗin gidan wa za ka ba, shi ke nan ka kwana a caji ofis. Ni ma sau biyu."

Illo ya ja zane na biyu. Sauran direbobi huɗu suka yi caa, kowa yana cewa haka ne. Ya tambayi garinsu, duka Kanawa ne. Ya rufe littafi.

"Mu biyar ba mu ishe ka ba?"

"Ku biyar ɗin, baki ɗaya ne."

Ya kwana a rumfar buhuna yana tari. Alhamis har rana ta take bai sami kowa ba. Sai aka nuna masa wani tsoho mai gadin sikeli, Mai Nasara, wanda ya taɓa aikin ɗan doka a Katsina. Tsohon ya ce da hannunsa ya kama mutane da wannan laifi, yawancinsu baƙi ne da ba su san unguwa ba. Ɓarawo kuwa, da sunan sata ake rubuta shi.

Illo ya ja zane na uku. Ya bar jakin a hannun wani ɗan garinsu, ya hau bayan kamyo zuwa Mayahi, sauran ya taka da ƙafa. Ya tarar da Bawa a ƙofar gida yana naɗa rawanin Juma'a. Ya buɗe shafin, ya sa yatsa a kan zanen, ya faɗi sunan kowane baki da garinsa.

"Ba sata ba?" in ji Bawa.

"Ba sata ba. Baƙunta ce."

Bayan salla jama'a ba su watse ba, don maganar ta riga ta zaga gari. Bawa ya miƙe. Ya ce ɗansa yana hannun hukuma a Kano, bai ɗauki kayan kowa ba, a taimake shi da addu'a. Liman ya ɗaga hannu, aka shafa.

Tarin Illo bai sake shi ba tun daga tafiyar nan. Ya rasu a damanar 1967. Littafin yana wurin Lauratu: kalma ɗari uku da goma sha biyu, tamanin da bakwai daga ciki ba su cika zane uku ba, ya tafi bai faɗa wa kowa ma'anarsu ba. Guda ɗaya ce ke da zane huɗu. Na huɗun daga bakin Ɗan Baba ne, ranar da ya komo ya durƙusa ya gaida Illo.