Ciwon Mai Komawa Baya

Yayana gyaran rediyo da agogo yake yi a kasuwar Filinge, a wata rumfar kwano kusa da masu sayar da igiya. Ni kuwa malamin lakwal ne, wato makarantar boko, shi ya sa ko a gida Mushe yake kirana kamar yadda ƴan aji ke kiran malami, har da ɗan tsokana a ciki. Bai wuce aji shida ba, amma wajen ƙirƙirar labari ya fi ni nesa ba kusa ba.

Akwai wani labari da ya yi shekaru yana ba ni gutsure-gutsure, in na biyo ta rumfarsa bayan an tashi yara. Wai wani makaniki ne ya haɗa na'ura mai mayar da mutum shekarun baya. Ya shiga don ya sake ganin mahaifiyarsa da ta rasu. Ya gan ta, ya dawo, ya kasa haƙuri ya sake komawa. Sai dai yayana ya sa wa na'urar illa: duk wanda ya yi tafiyar, kwanakinsa cakuɗewa suke yi. Abin da ya faru jiya ya ɓace masa, na shekara talatin ya zama kamar ɗazu. Shi ya raɗa wa abin suna, ciwon mai komawa baya.

"Yaya, to ina maganin?" na taɓa tambayarsa.

"Babu shi, Mushe. In da magani ai labarin ya lalace."

Na sayi kaye irin na ƴan makaranta na riƙa rubutawa a ciki, da niyyar wata rana in mai da shi littafi.

Shekara biyu bayan rasuwar matarsa abin ya fara. Wata Lahadi wani manomi daga Damana ya zo karɓar rediyonsa, ya tarar da ita a warwatse kan tebur, yayana na kallon kayan cikinta kamar bai taɓa ganinsu ba. Ba a jima ba aka tsinto shi a hanyar Abala da rana tsaka, ba takalmi, wai gida za shi. Gidan da yake nufi shi ne wanda muka tashi a ciki, ya daɗe da rushewa.

Na kai shi Yamai. Likita ya tambaye shi wace shekara muke, ya yi dariya ya juyo yana kallona in ba shi amsa. Likitan ya ce ciwon ƙwaƙwalwa ne da ke zuwa wa wasu da tsufa, kuma ba ya warkewa. Na rufe rumfar, na dawo da shi gidana.

Kuskuren nawa ne, ba na kowa ba. Na yi zaton in ya ji labarinsa wani abu zai farka a kansa. Wata rana da hantsi muna zaune a inuwar itacen bedi na ɗauko kayen na karanta masa. Ya kasa kunne yana saurare, idonsa ya kawo haske irin wanda na daɗe ban gani ba. Har na fara murna. Ina rufe kayen ya kama wuyan hannuna.

"Ashe abin da kuka yi mini ke nan."

"Mi muka yi maka, Yaya?"

"Kai ka saka ni ciki. Ka maishe ni. Ta ɗora tuwo, tana jirana."

Matarsa yake nufi. Na ce masa labari ne, shi da kansa ya ƙirƙiro shi a rumfarsa. Ya ce shi bai san wani labari ba.

Sunayen jikokinsa sun tafi, adadin raka'o'in salla ya tafi, amma wannan ya zauna daram. Kullum neman na'urar yake yi. Ya leƙa rumbu, ya tone bayan ɗaki, ya kwance keken ɗinkin matata har ƙusa ta ƙarshe. Da farko nakan gaya masa gaskiya, cewa matarsa ta rasu. Duk lokacin da na faɗa sai ya yi kuka sabo, kamar a ranar aka ɗauki gawar. Na daina. Na koma ce masa gobe zan mai da shi. Matata ta ce in ƙone kayen, na jefa shi a murhu, bai canza komai ba.

Daga baya ya daina karɓar abinci daga hannuna, don a ganinsa ni ke tsare da shi. Fura ma sai matata ta miƙa masa yake sha.

Da kakar bara ɗiyarsa da ke aure a Abala ta kira ni tana tambaya ko ta zo. Na ce ta zo. Ta iso da la'asar, ta durƙusa a gabansa ta ce, "Baba, ina wuni." Ya amsa mata cikin mutunci, ya tambaye ta hanya, ya ce a kawo wa baƙuwa ruwa. Sannan ya sunkuyo ya yi ƙasa da murya, ya tambaye ta ko a garinsu akwai wanda zai iya fitar da shi daga gidan nan.

Kwana ɗaya ta yi ta koma. Na raka ta tasha, na tsaya har motar ta cika. Da na dawo na same shi tsaye a bakin zaure, ya ɗaure ƴan tufafinsa a zane ya rungume.