Shimfiɗar Gwaggo Mai Kumfa

Gwaggona, yayar mahaifina, ta shafe shekara talatin da 'yan kai tana mulmula ƙwallayen ulu. 'Yan layinsu Mai Kumfa suke ce mata, don ba a taɓa samun hannunta a bushe. In kin miƙa mata hannu ku gaisa, gwiwar hannu za ta ba ki. Wani shago ne a bakin titi yake karɓar ƙwallayen, masu ɗinki su jera su, su zama shimfiɗar ƙasa ko abin ɗora tukunya mai zafi.

Kayan aikin ba na a zo a gani ba ne: kwanon ruwan ɗumi, guntun sabulu, tawul a cinya, sai tire a bakin taga inda take shanya. Za ta figi ulu kaɗan, ta naɗe shi sako-sako, ta tsoma, ta yi ta juya shi tsakanin tafukanta ba tare da ta matsa ba. Sai ya fara kama jikinsa take ƙara ƙarfi. Wanda aka matsa da wuri tsagewa yake yi, kuma tsagar ba ta haɗewa duk murzar da za a yi mata. Sau nawa ta zaunar da ni in koya! Ni kuwa tun ina ƙarama gaggawa ta yi mini yawa. "'Yar nan, wa ya biyo ki ne?" Haka take cewa, ta karɓe nawa mai kama da busasshen lemo ta ajiye gefe.

Mijinta ne yake rina mata ulun a tsakar gida, cikin manyan tukwane biyu. Allah bai ba su haihuwa ba, kuma ban taɓa jin sun yi musu a kan wani abu ba sai launi. Ita ta ce jan ya yi duhu, shi ya ce idonta ne ya tsufa. Da ya rasu ya bar mata buhu guda na rininsa na ƙarshe: ja, shuɗi, ruwan ƙwai, da wani kore da shi kaɗai ya san haɗinsa. Ko ƙwaya ɗaya ta ƙi kai wa shago. Ta ce kanta za ta yi wa shimfiɗa, ƙwallo ɗari shida, ta ajiye a gaban gado, ta riƙa sauke ƙafa a kai kowace safiya.

Sai ciwon gaɓoɓi ya kama yatsunta. Naɗewar farko tana iyawa, tunda ba ta son ƙarfi, ƙarasa murzar ce ta gagare ta. Haka ta naɗe buhun kaf, kwando ya cika da dunƙulen ulu masu laushi, an fara ba a gama ba. Guda arba'in kawai ta kammala, ta ajiye su daban.

Wata Asabar na je duba ta, na tarar maƙwabciyarta za ta raka ta asibiti. Na ce su je, ni zan gyara ɗakin. Da ma na taɓa gani a waya ana jefa irin wannan a injin wanki ya fito da tauri. Da na yi haƙurin kallon har ƙarshe, da na ga kowane dunƙule sai an zura shi a doguwar safa an ƙulle tsakaninsa da ɗan'uwansa. Na sungumi kwandon sai gidana, na juye shi duka a inji, na sakar masa ruwan zafi, ina ta yi wa kaina kirari yau zan ba Gwaggo mamaki.

Na kuwa ba ta. Da na buɗe injin abu ɗaya na ciro, jibgege, kamar jiƙaƙƙen filo. Duk sun manne da juna, ja ya shiga kore, shuɗi ya cinye ruwan ƙwai. Ulu kuwa in ya kama, ya kama ke nan, ba ya warwaruwa.

Da na koma gidanta na same ta ta dawo, tana zaune a bakin gado, na ajiye mata shi a cinya.

"Gwaggo, na yi miki ɓarna."

Ta daɗe tana shafa shi. Ta juya, ta juya, har ta nemo wani ɗan lungu da koren bai gauraye ba, ta ɗora babban yatsanta a wurin.

"Duka ne?"

"Duka, Gwaggo."

"To, ya dai yi tauri," in ji ta. "Yau kam ba abin da ya tsage miki, 'yar nan."

Ta yi dariya, ni na fashe da kuka. Wallahi da zagina ta yi da na fi samun sauƙi.

Na sayo mata sabon ulu har buhu biyu, mafi kyau a kasuwa. Ta sa mini albarka, ta tura su ƙarƙashin gado. Ba ta sake haɗa ruwan sabulu ba. Daga ranar in na zo gaishe ta hannu take ba ni, a bushe, kuma ba ta taɓa tayar da zancen ba. Ni ma kunya ta hana ni tambayar inda ta kai abin. Ashe duk ranar da zan zo ɓoye shi take yi.

Bayan shekara biyu ta rasu. Da muka shiga kwashe ɗakin, sai ga shi a gaban gado, ya baje, tsakiyarsa ta lotsa daidai ƙafa biyu. Ƙwallayen nan arba'in ta ɗinke su a gefensa da karkataccen ɗinki, irin na yatsun da ba sa lanƙwasuwa. Ba su ma kai rabin zagayen ba.

A gaban gadona yake yanzu. Kowace safiya tsallake shi nake yi, har yau na kasa sa ƙafata a wurin.