Keken Malam ya tafi Maraɗi, na Mamman ya zo gida

Daga Gangara zuwa Sabon Birni

Ana idar da sallar asuba ranar Litinin na bar Gangara a bayan babur, keken guragu na marigayi Malam, maigidana, a naɗe an ɗaure shi a babur na biyu. Ni ban yi karatu ba. Maƙwabciyata Malama Rabi ke rubuta abin da nake faɗi, in na yi kuka ta dakata.

Shekara biyu Malam ya yi da ciwon shanyewar ɓarin jiki. Muka sayo masa keken nan mai sheƙi irin na asibiti, ba mu san ƙananan tayoyinsa na gaba ba sa tafiya a rairayi ba. Daga zaure yake nutsewa. Har Allah ya karɓi abinsa, Malam bai kai masallacin da ke bayan gidanmu ba, sai dai ya ji kiran salla ya yi hawaye. Ina takaba kuma harsashi ya samu ɗana Mamman a baya yana gona, ƙafafunsa suka mutu. Wata bakwai yana ɗaki, fuskarsa a bango, ko matarsa Hadiza ba ya amsa wa. Na ce ba za ni zuba ido ɗaki ya cinye mini mutum na biyu ba. Na nemi keken da zai iya tafiya a rairayi a kasuwar Isa, babu. Aka ce sai Maraɗi. Na sai da awakina biyu, na auna ƙofar ɗakin Mamman da hannuna: kamu ɗaya da taƙi ɗaya.

Ƙarfe bakwai da rabi muka shiga tashar Sabon Birni. Direban, Ɗan Asabe, ya dubi keken ya ce, “Inna, kujera za ta hau kujera? Kuɗin mutum guda ne.”

Na ce, “Mai ita ya rasu, ɗana.”

Ya cire hula ya mayar. “Allah shi gafarta mai. Ɗora ta bisa, ba ki biya.”

Kan iyaka

Shinge uku na sojoji muka wuce kafin iyaka, kowanne a leƙo a ce mu tafi. A can ɓangaren Nijar wani jandarma ya sa aka sauko da keken, ya buɗe shi, ya ga inda hannun Malam ya goge fatar madogarar wajen jan carbi. Ya ce, “Na wa ne, tsohuwa?” Na ce na marigayi maigidana ne. Shi da kansa ya naɗe shi ya miƙa sama. Nan na canza kuɗina zuwa sefa. Damin naira na bayar, abin da aka miƙo mini bai cika tafin hannu ba. A Gidan Runji na sha fura, muka yi azahar. Ƙarfe huɗu muka shiga Maraɗi.

Maraɗi

Gidan Tabawa na sauka, ɗiyar ƙanen Malam da ke aure can. Ta yi mini kwaɗon zogale da dambu, muka yi kukan Malam tare, sannan na yi barcin da na daɗe ban yi ba.

Talata da hantsi ta kai ni shagon wani Alhaji Sani, dogon mutum da sai ya sunkuya zai shiga ƙofarsa. Kekuna jere har rufi. Na nuna wani sabo cikin kwali. Ya ce jaka saba'in na sefa, wato dubu saba'in. Na ce, “Alhaji, keke na tambaya, ba saniya ba.”

Ya yi dariya. “Inna, wanga daga Sin ya taso. Ya hau jirgin ruwa, ya sauka bakin teku, ya hau tirela, ya biya kuɗin fito, ya biya duwan, kwastan ɗinmu na nan. Kowa ya taɓa shi sai ya ƙara mai. Ku kuma nairarku kullum ramewa take. Mi za ni yi?”

Na ba shi labarin rairayin Gangara. Ya daina dariya. Ya ce irin na kwalin nan ma nutsewa zai yi, ba don ƙasarmu aka yi su ba. Ya shiga ciki ya turo wani gwanjon Turai, fentinsa ya koɗe, tayoyin baya masu kauri irin na iska, gaba kuma taya ɗaya ce babba. Ya zauna a kai, ya murza da hannu ya ratsa yashin ƙofar shago kamar a kan kwalta.

Da ya faɗi farashinsa, kuɗin awakina ba su kai rabi ba. Sai ya juya keken Malam, ya ƙwanƙwasa ƙarfen. Ya ce, “Wanga mai kyau ne. Masu gidan siminti a Kano shi suke nema. Can zai koma, ƙasarku. Ki bar mini shi, ki cika da abin da ke hannunki.”

Na san don haka na zo da shi. Amma da aka zo miƙawa, hannuna ya riƙe madogarar ya ƙi saki. Alhaji ya ɗauko sukundireba ya kwance madogarar nan da ta goge, ya sa mini a cinya. “Ina da wata da za ni sa. Wagga taki ce.” Allah ya saka wa wannan bawa nasa.

Na tuna ƙofa, na ce, “Kamu ɗaya da taƙi ɗaya ce, zai shiga?” Ya ɗora hannunsa daga taya zuwa taya, ya ce, “Daidai, har da saura.” Ya ƙara mini da famfon iska kyauta. Ni da Tabawa ba wadda ta lura cewa hannun Alhaji ya fi nawa tsawo sosai.

Komawa gida

Laraba ƙarfe shida muka taso, motar Ɗan Asabe dai. A shingen kwastan ɗinmu aka tambaya ko na sayarwa ne. Ɗan Asabe ya ce, “Yallaɓai, dubi ta. Ta yi kama da dila?” Aka yi dariya aka ɗaga mana sanda. Bayan la'asar na isa Gangara.

Hadiza ta turo keken bakin ɗaki. Ya tsaya. Muka karkata shi, muka ja baya muka sake. Tayoyin sun fi ƙofar da yatsa huɗu. In an naɗe shi zai shiga, amma da mutum a kai ba zai fito ba. Na dubi ɗan guntun hannuna, na gane abin da na yi. Na zauna a ƙasa na fashe da kuka, ina cewa na rabu da keken Malam a banza.

Sai muka ji murya daga ciki, a dushe. Mamman ne, ya juyo daga bango yana kallon tayar nan babba a bakin ƙofa.

“Inna, bar kuka. Ƙofar laka ce. Hadiza, kawo galma.”

Maƙwabta biyu suka sare gefen ƙofar, suka ɗora shi a kai. Ya murza sau ɗaya, keken ya haye tarkacen laka. Ya ratsa tsakar gida, ya wuce zaure, wurin da na ubansa ke nutsewa, bai tsaya ba. Ana kiran magariba a lokacin. Na tsaya a zaure da madogarar Malam a hannuna, ina kallon sawun tayoyi uku a rairayi har suka sha kwanar masallaci.

Na gode wa Allah da ya kai ni ya dawo da ni. Na gode wa Tabawa, da Ɗan Asabe, da Alhaji mai dogon hannu. Ƙofar har yau ba mu gyara ta ba, Mamman ya ce a bar ta haka.