Inna da Jajayen Ranaku

Shekara shida ke nan da rasuwar Inna, uwar mijina, Hajiya Hadiza ta Bichi. A al'adarmu ba kasafai suruka kan ɗauki alƙalami ta yi rubutu a kan uwar mijinta ba, kunya ba ta bari. Ni ma na daɗe ina ja da baya. Amma bana abin ya ci tura, don duk inda na juya a garin nan na Washington sai in ga abin da zan so in koma gida in ba ta labarinsa, sai in tuna ɗakinta yanzu akwatuna ne a ciki.

Ta zo mana ne bayan ta fita takabar mijinta, Malam. Maigidana shi kaɗai Allah Ya bar mata, shi ne kuma ɗan fari, saboda haka ko sunansa ba ta faɗi, Injiniya take ce masa. Ya roƙe ta ta dawo wurinmu a Mitchellville da ke gefen birnin, ta yarda ba da son ranta ba. Ta sauka cikin tsananin sanyi. Shi yana fita tun da asuba zuwa wurin aikinsa a Sterling, ni ina jinya a asibiti, 'yarmu Ummi, wadda ta ci sunanta, tana makaranta. Inna sai ta wuni ita kaɗai a gida, matar da a Bichi ƙofarta ba ta rufuwa don masu shiga da fita. Ga Ummi, in ta dawo, tana jin Hausa amma da Turanci take amsawa. Inna ta ce, “Takwara, kin dawo?” yarinya ta yi murmushi ta haye sama. Ba raini ba ne, kunyar karyayyar Hausarta take ji.

Kafin sanyi ya wuce Inna ta rame, ƙafafunta sun kumbura, sukari ya hau. Likitarta, wata 'yar Jos, ta ja ni gefe ta ce magani kaɗai ba zai yi ba, tsohuwar nan tana bukatar tafiya da mutane. Wata rana na shiga ɗakinta na tarar ta ɗaure kayanta tsaf. Ta ce in gaya wa Injiniya ya nema mata jirgi, gara ta mutu inda za a ji motsinta. Mun san in ta koma babu mai kula da ciwonta yadda ya kamata, mun kuma san in ta zauna a haka ba za ta daɗe ba.

A shekarar ne birnin ya samu ƙungiyar wasan ƙwallon besbol da ta ƙauro daga wani gari, bayan dogon lokaci babu. Ummi ta dawo daga makaranta da jadawalin wasannin kakar, ta manna a jikin firij. Ranakun da za a buga a gida an yi musu jan launi, na waje kuma fari. Inna ba ta yi boko ba, amma ta san lambobi, ta kuma san kalanda. Ina wanke-wanke na ji ta ce, “Takwara, waɗannan jajayen ranakun na mene ne? Sallarsu ce?” Ummi ta dube ni in fassara mata, na yi kamar ban gani ba. Sai yarinyar ta ce, “Ja, suna gida. Fari, sun tafi.” Inna ta yi dariyar da ban ji ta yi ba tun zuwanta. Ta ce, “To, in suna gida ai sai a je a gaishe su. Su ma an ce baƙi ne.”

Ranar Lahadi muka je mu uku. Abin da ya fara sace zuciyar Inna ba wasan ba ne, gyaɗa ce. Ta ga manyan mutane, kowa da jar hular ƙungiyar, suna ɓare gyaɗa suna zubar da ɓawo a ƙasa, ta ce ashe mutanen nan 'yan gida ne, ba a dai gaya mata ba. Sandar da ake bugun ƙwallon da ita ta ce taɓarya ce, shi ke nan wasan ya zama ƙwallon taɓarya a gidanmu har yau. Ta shiga jero wa Ummi tambayoyi. Me ya sa wancan ya ruga? Wannan da ya tsuguna da ƙarfe a fuska laifin me ya yi? Don me aka kori wancan bai buga komai ba? Ni ban san wasan ba, dole Ummi ta amsa, kuma dole da Hausa. Ta yi ta tuntuɓe, kakarta na gyara mata, ita kuma tana gyara wa kakar lissafin maki. Da wani ya maka ƙwallon ta haye katanga, filin ya ɗauka, Inna ta miƙe da sandarta ta rangaɗa guɗa. Duk layinmu suka juyo, sannan suka tafa mata.

Daga ranar jajayen ranaku suka zama kalandar gidanmu. Ba a sa ranar ganin likita ko walima sai an dubi firij. Don ta iya hawa matakalar filin, Inna ta fara zagaya unguwa kowace safiya. Kumburin ya saɓe, sukari ya sauka. Ƙullin kayan nan ban san ranar da ta kwance shi ba. A filin ta yi ƙawa, Loretta, baƙar fata mai ritaya daga tuƙin bas, wadda ke riƙe da kujeru biyu na shekara, tata da ta marigayin mijinta. Ba su da harshe guda, amma sai su wuni suna hira, wannan da Hausa waccan da Turanci, kowa na gyaɗa kai. In azahar ta yi, Inna ta shimfiɗa dardumarta a wani lungu bayan matakala, Loretta ta tsaya mata kada a gitta. A shekarun nan azumi yana faɗowa cikin kakar wasa, sau da yawa a kujerarta ta sha ruwa, da dabino da kunun gyaɗa a filas, Loretta na kallon agogo tana jiran ta ce mata rana ta faɗi.

Ba a rasa masu magana ba. A wani taron suna a Landover aka yi ta raɗe-raɗin wai Hajiya guda, mai furfura, ta koma zaman filin wasa cikin mashaya giya. Maganar ta isa kunnen Injiniya, ta kuma yi masa ciwo. Bai isa ya hana mahaifiyarsa ba, sai ya durƙusa ya roƙe ta ta riƙa kallo a talabijin. Ta ce masa, “Kasuwar Bichi ma kowa da kowa na cikinta, ban taɓa dawowa da abin da ban je saye ba.” Bai ja da ita ba, amma ya daina sayen tikiti, ya kuma ce mini in daina kai ta. A shekarar kuwa ƙungiyar ta koma sabon fili a bakin kogi, wanda sai an shiga bas, a hau jirgin ƙasa na shuɗin layi, a sauka a ƙarƙashin ƙasa a canza zuwa kore. Yana ganin wannan kaɗai ya isa ya kashe maganar. Na zauna tsakanin miji da uwar miji, ina kallon Inna tana komawa shirunta na da.

Wata Laraba na dawo daga aiki da la'asar sakaliya, babu Inna, babu sandarta, babu dardumarta. Na dubi firij, ranar ja ce, wasan rana. Na kira Injiniya, ya baro aiki ya kamo hanya hankali a tashe. Tsohuwa ba Turanci, ba waya, ga sukari. Muna shawarar kiran 'yan sanda sai wayar gida ta yi ƙara. Loretta ce, tana dariya har ba a gane maganarta. Sai ga muryar Inna, “Ku kwantar da hankalinku, ana zagaye na bakwai, mu ke gaba. Ina kan kujerar mijin ƙawata.” Na ce, “Inna, wa ya kai ki? Ta yaya kika canza jirgi?” Ta ce, “'Yar nan, wanda ba shi da baki ai yana da ido. Masu jar hula na bi. Inda suka sauka na sauka, inda suka hau na hau.”

A ƙofar filin muka tarye ta, tana fitowa cikin taro, mayafinta a kafaɗa, fuskarta kamar wadda ta dawo daga biki. Injiniya ya durƙusa a kan titi, mutane na ratsa shi, ya gaishe ta. Ta bar shi a durƙushe ta ce, “Na baro kabarin ubanka na biyo ka. Ban zo gadin kujerun gidanka ba. In kana so in zauna a ƙasar nan, ka bar ni in san ta.” Ya ce, “Allah Ya huci zuciyarki, Inna.” Da kakar wasa ta zagayo, shi da kansa ya kawo mata tikitin shekara, kujera daf da ta Loretta.

Waɗancan shekaru ne na shan kashi. Ƙungiyar ta yi ta zama a ƙasan teburin gasa, filin rabinsa wayam, masu jar hula suna ficewa tun wasa bai ƙare ba. Inna ba ta taɓa tashi ba sai an buga ƙwallon ƙarshe. Takan ce ba a barin mai gida don tuwonsa ya yi ruwa, kuma sannu ba ta hana zuwa. A lokacin ne ta fara bin gidajen da aka kawo tsofaffi renon jikoki, a Mitchellville da Landover, tana fito da su. Da farko mutum biyu suka bi ta, har da ɗaya daga cikin masu raɗe-raɗin nan. Ta koya musu bas, ta koya musu inda ake canza jirgi. Wasu ba su taɓa gane wasan ba, iska da hira suka kai su, ita kuwa ba ta damu ba. Allah Ya ja kwananta ta ga shekarar da ƙungiyar ta fara zama ta ɗaya a rukuninta. Inna ta ƙara kakar wasa guda bayan wannan, sannan da sanyi ya shigo ta kwanta, kwana kaɗan Allah Ya karɓi abinsa. Ummi ce a gefenta, tana amsa mata da Hausa. Loretta ta zo ta'aziyya da ɗankwali a kanta, ta zauna a tabarma cikin mata har sadakar uku.

Nakan tambayi kaina me Inna za ta ce da yau. Na san za ta yi tsaki in ta ga tikiti ya koma cikin waya, ita da take son abin da za ta ƙulle a bakin zane. Za ta yi mamakin dogayen benayen da suka kewaye filin, inda da fili ne fetal. Za ta tsokani Ummi, wadda yanzu ta gama jami'a, take kiran dangi a Bichi su yi awa guda suna hira ba tafinta. Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne bana. Ƙungiyar ta fara kakar da faɗuwa har mutane suka cire rai, sai ta farfaɗo, ta yi ta ci, ta kai wasan ƙarshe, ta ɗauko kofin ƙasa baki ɗaya, abin da birnin bai gani ba tun zamanin kakanni. Da tana nan ba na jin za ta yi mamaki. Za ta dubi waɗanda suka sayi jar hula a satin ƙarshe ta ce musu sannunku da zuwa, akwai wuri.

Ranar da aka zagaya gari da kofin, da rana tsaka, muka fita. Ayarin tsofaffin da Inna ta fara fitowa da su yanzu ya cika layin kujeru guda, wasu cikinsu ba su ma san ta ba, a bakin na farko suka ji labarinta. Su suka shige gaba a tashar jirgi, mu muna binsu. Ummi na tura Loretta a keken marasa lafiya, Injiniya, da furfurarsa, yana riƙe musu jakunkuna da filas. Da motar 'yan wasa ta iso daidai inda muke, tsofaffin nan suka haɗa baki suka rangaɗa guɗa, ta ratsa ganguna da ihun dubban mutane, har 'yan wasan suka juyo suna ɗaga mana kofin. Na dubi maigidana, hawaye na bin gemunsa, hannuwansa cike da kayan mutane, ba halin sharewa.

Inna ba ta bar gida ko gona a ƙasar nan ba, ba ta kuma koyi Turancin da ya wuce na gaisuwa ba. Ta bar jika mai harshen kakanninta, da ɗa da ya koyi cewa kula da uwa ba tsare ta ba ne, da tsofaffin mata da suka san hanyar garin da aka kawo su. A hanyarmu ta komawa, wata baƙuwa a cikinsu, wata biyu da zuwanta daga Funtuwa, ta kama hannuna ta ce ita fa ba ta gane komai ba a abin da aka yi yau, amma in an fara na baɗi a biyo mata. Na ce mata za a biyo, sau ɗaya, na biyu ita za ta kawo kanta. Allah Ya jiƙan Inna, Ya yalwata mata makwanci fiye da yadda ta yalwata wa wasu duniya.