Yadda Na Tona Asirin Masu Kisa Arba'in a Kafanchan

Akwai abin da ya faru da ni a wani ƙaramin laburare a Kafanchan wanda ba na jin zai fita raina har in tsufa. Sai dai in faɗa tun yanzu, shekaru sun ɗan ja, mai yiwuwa na haɗa maganar wata rana da ta wata, ko na sa wa wani kalmar da ba shi ya faɗa ba. Inda ban tabbatar ba zan ce ban tabbatar ba.

Lokacin na gama jami'a, na gama bautar ƙasa, ina zaune a gida ina jiran aiki. Cocinmu na da wani ɗaki a gefen makarantar firamare da aka mayar wurin karatu, kowa na shiga, Kirista da Musulmi. Kwamitin da ke kula da shi ya ce tunda ba ni da abin yi, in riƙa buɗewa. Littattafan duk kyauta aka bayar, yawancinsu na Turanci, kaɗan na Hausa. Akwai na soyayya, akwai na yaƙi, amma waɗanda suka fi yawa su ne na binciken kisan kai, irin wanda ake tsintar gawa a babin farko, a yi ta zargin kowa, ba a sanin mai laifi sai a shafin ƙarshe.

Abin da ya riƙa damuna shi ne tambaya ɗaya. Mutum zai shigo ya jujjuya littattafai, ya ɗago ya ce, “Wanne ne mai daɗi?” Ni kuwa tsoro nake in ce wannan, ya je ya karanta bai ji daɗi ba, ya ce na yi masa ƙarya. Sai na yanke shawarar in karanta su ɗaya bayan ɗaya, in rubuta taƙaitaccen bayani a kati, in manna a cikin bangon gaba, kowa ya zaɓa da idonsa.

To, hanya ɗaya tak na sani ta taƙaita rubutu. Malamin da ya duba furojet ɗina a jami'a sau uku yana dawo mini da shafin taƙaitawa da jan biro, yana cewa duk bayanin da ya ɓoye sakamako yaudara ne. Wannan magana ta zauna mini. Saboda haka katunana suka fito kamar haka: “Matsala: an tsinci mai otal a mace a ɗakinsa. Hanya: ɗan sanda ya yi wa mutum shida tambayoyi. Sakamako: ƙanwar matarsa ce ta sa masa guba a shayi.” Har rula nake sawa in ja layi a ƙarƙashin sakamakon don kada ya wuce wa mai karatu. Na yi wa littafi kusan arba'in haka, ko ma sun ɗan fi, da gam mai ƙarfi.

Na tuna wata nas da ke biyowa in ta tashi aiki. Ta buɗe littafi, ta karanta katin, ta ce, “Ashe ƙanwar ce! Allah wadai.” Ta mayar da shi kan kantar littattafai, ta ce, “Ka hutar da ni, ƙanena.” Ranar na koma gida ina jin na yi wa al'umma aiki. Yau in na tuna sai in rufe fuska.

Masu aro suka yi ta raguwa. Wata safiya shugabar kwamitin, wata tsohuwar shugabar makaranta da kowa ke kira Mama, ta shigo ta tarar da ni kaɗai ina goge tebur. Ta ce, “Ɗana, bari in gaya maka gaskiya. Wani mai citta daga Kwoi yana neman ɗakin nan ya zuba buhunansa. In babu masu karatu, kwamiti zai ba shi bayan Kirsimeti.” Hankalina ya tashi ƙwarai. Kuma kun san abin da na yi? Na ce lallai katunan ne ba su isa ba. Na sayo wasu na ƙara rubutawa.

Wanda ya cece ni wani dattijo ne, tsohon direban jirgin ƙasa, mai son labaran bincike kamar me. Shi ba ya karanta komai a bango, babin farko yake faɗawa kai tsaye, shi ya sa ya daɗe bai lura da katunan ba. Rannan ya sauka daga kan acaɓa da littafi a hammata, ko gaisuwata bai amsa ba. Ya ajiye shi a gabana, ya buɗe bangon, ya ɗora yatsa a kan layin da na ja.

Ya ce, “Yarona, wa ya aike ka?”

Na ce, “Baba, ko na yi kuskure ne? Ina ganin dai likitan ne, amma zan iya sake dubawa.”

“Likitan ne mana! Kwana huɗu ina bin mai dafa abinci. Na gama kama shi, saura in ɗaure. Jiya na buɗe nan in ga ranar da zan dawo da littafi, sai ga likita, har da layi a ƙasa!”

Na fara yi masa bayanin malamina da jan biro. Ya saurara har na gama, sannan ya fashe da dariya har yana riƙe tebur. Da ya lafa ya ce, “Shekara da shekaru ina jan jirgi daga tashar nan. Tun kafin in tayar na san inda zan tsaya, na san kowace kwana. Wannan littafi shi kaɗai ne tafiyar da nake yi ban san tashar ƙarshe ba. Kai kuma ka tsaya a bakin ƙofa kana shela.”

Sai a lokacin na gane maganar nas ɗin nan. Na ji kamar ƙasa ta tsage in shige. Na ce zan cire katunan duka, amma da muka gwada ɗaya sai ya taho da rabin bangon. Baba ya ce in bari. Ya aike ni kasuwa na sayo farin tef irin na takarda, muka zauna muna rufe layin sakamako kaɗai, muna barin matsala a buɗe. Shi ya kawo dabarar ajiye littafin rubutu a kan tebur: duk wanda ya kai rabin labari ya zo ya rubuta wanda yake zargi, ran Asabar da yamma a haɗu a ɓare tef a gaban kowa. Ya kuma hana ni cewa komai game da ƙarshen littafi. Ya ce, “Kai dai tambaya za ka yi. Mai jini kake so ko marar jini? Mai ban dariya ko mai ban tsoro? Ka ba shi, ka yi shiru.”

Shirun nan ya ba ni wuya, amma na yi. Asabar ta farko mu biyar ne, in ban manta ba. Baba ya yi ta yawo da labarin a wurin masu shayi da bakin tasha, yana cewa wai akwai yaron da ya tona asirin masu kisa arba'in ba tare da ya tashi daga kujera ba. Wasu don su gan ni kawai suka zo, suka tafi da littafi. Kafin Disamba benci ya daina isa, wani tela daga kasuwa ma da kujerarsa yake zuwa.

Ranar da Mama ta kawo mai cittar ya duba ɗakin, ta faɗo a Asabar. Ban sani ba ko da gangan ta yi, ban taɓa tambayarta ba. Suka tarar ana musu kan wanda ya yi kisa a wani littafi kamar za a doke juna, nas na cewa direban gidan ne, tela na rantsuwa matar ce, Baba na tsakiya yana buga tebur kamar alƙali. Mai cittar ya tsaya a bakin ƙofa ya ce, “Mama, wannan ɗaki ai da mutane a ciki.” Ya juya. Wasu sun ce ya ari littafi kafin ya tafi, ni dai ban rubuta sunansa ba, don haka ba zan ce ba.

Mama kuwa ta ɗauki wani littafi daga kantar littattafai, ta sa farce ta ɓare tef ɗin a gaban kowa. Ɗakin ya ɗauki ihu. Baba ya ce, “Haba Mama, haram!”

Ta ce, “Ku rufa mini baki. Ni da hawan jinina zan zauna kwana uku ban san wanda ya yi kisa ba? Tun da yaron nan ya fara katunansa na fara karanta irin waɗannan. Ku bar mini nawa a buɗe.” Ta juyo gare ni ta ce, “Ɗakinka na nan, ɗana. Citta ta nemi wani wuri.”

Abin da na koya shi ne, kafin ka taimaki mutum ka tambaye shi irin taimakon da yake so. Na ba kowa abin da ni nake ganin daidai ne, ya yi wa mutum ɗaya amfani, ya kori sauran, alhali tambaya guda da ta raba mini su tun farko.

Na san da yawa daga cikin waɗanda suka zauna a bencin nan suna raye, wasu a Kafanchan, wasu sun yi nisa. Duk wanda ya ga na kauce, ko a yawan littattafan ko a wanda ya faɗi me, ina roƙonsa ya aiko mini da gyara. Zan karɓa da godiya.